Djibo Bakary, mushen Agadas da ya ƙi bin Dagol

A fadojin Arlit da Akokan, in aka ɗora shayi aka ɗauko zancen uraniyom da Faransa, ba a nisa sai wani ya ambaci Djibo Bakary. Galibin masu ambatonsa ba su taɓa ganinsa ba, don ya rasu tun 1998, kuma mulkinsa ya ƙare sama da shekara goma kafin a aza tubalin farko na Arlit. Abin da mutane suka riƙe a kansa gajere ne: shi ne ɗan ƙasa na farko da ya shugabanci gwamnatin Nijar, ya nemi ƴanci nan take a 1958, Faransa ta kayar da shi saboda arzikin da ke kwance ƙarƙashin ƙasar Abzin. Akwai gaskiya a ciki. Sai dai labarin ya fi haka tsawo, kuma sunan Aljeriya ya fi na uraniyom yawan fitowa a cikinsa.

Daga Soudouré zuwa Agadas

An haifi Djibo a 1922 a Soudouré, ƙauyen da ke bakin kogin Isa kusa da Yamai. Bazabarme ne, kuma ɗan uwan Diori Hamani, wanda shi ma a wannan ƙauye aka haife shi a 1916. Gida ɗaya ya ba Nijar mutane biyun da za su kwashe shekara ashirin suna ja-in-ja a kanta. A Tawa ya yi lakwal, cikin Hausawan Adar, kuma Hausar da ya tashi da ita ta yi masa rana daga baya fiye da takardun da ya samu. Daga nan ya wuce makarantar William Ponty ta Senegal, inda Faransa ke horar da malaman makaranta da akawuna na duk Afirka ta Yamma. Da ya dawo aka tura shi koyarwa Birnin Ƙonni, sannan Agadas.

Agadas ɗin da ya tarar gari ne da ke hannun soja. Dattawan garin sun ga yaƙin Kawusan na 1916 zuwa 1917 da idonsu, sun kuma ga irin ramuwar da Faransa ta yi bayansa. Kumandan na da ikon kulle mutum ba tare da shari'a ba, aikin tilas na nan, karɓe raƙuma da sunan gwamnati ba baƙon abu ba ne. Matashin mushe mai sha'awar harkar ƴan sikawut, wanda ya fito daga makarantar da aka koya masa tarihin juyin juya halin Faransa, ba sai an yi masa dogon bayani ba kan bambancin abin da ke cikin littafi da abin da ke ƙofar bariki.

Shekarar 1946 ta buɗe ƙofa. A watan Afrilu majalisar Faransa ta soke aikin tilas da dokar da ke ɗauke da sunan Ufuwet Buwanyi na Kwaddibuwa. A watan Mayu aka kafa jam'iyyar PPN a Yamai, a watan Oktoba kuma aka kafa RDA a Bamako. Djibo ya shiga PPN, ya zama ɗaya daga cikin masu tafiyar da ita, yana cikin waɗanda suka ja ta zuwa RDA. Alli da allo ya ajiye su. Gwamna Jean Toby, wanda ya daɗe yana riƙe da Nijar, bai ɓoye ƙiyayyarsa ga jam'iyyar ba: a 1948 aka kafa UNIS da goyon bayan gwamnati da sarakuna don a rage wa PPN ƙarfi, ma'aikatan da suka nace wa PPN kuma aka riƙa jefa su garuruwa masu nisa.

Rabuwa da Diori

A 1950 Ufuwet ya yanke shawarar raba RDA da jam'iyyar kwaminis ta Faransa, wadda ƴan majalisar RDA ke zaune a inuwarta a birnin Paris. Lissafinsa shi ne gaba da gwamnati ta yi tsada, gara a sasanta. Diori da Boubou Hama suka bi shi. Djibo ya ƙi, ya tsaya ɓangaren Gabriel d'Arboussier, ya ga abin a matsayin miƙa wuya. Haka ya bar PPN, ba aiki, ba jam'iyya. Ya koma noman lambu kusa da Yamai.

Wannan lokaci na rashi shi ne ya gina shi. Tunda ƙofar manyan ma'aikata ta rufe, sai ya juya ga waɗanda ba wanda ya damu da su: leburori, ƴan lambu, boyi-boyin gidajen Nasara, direbobi da yaran mota, magina, maɗinka, ƴan koli. Ya shirya su cikin sandika mai alaƙa da CGT ta Faransa. A watan Disamba na 1952 aka fitar da dokar aiki ta ƙasashen da Faransa ke mulka, wadda ta yarda da sa'o'i 40 na aiki a mako da ƴancin sandika, amma masu ɗaukar ma'aikata suka yi kunnen uwar shegu da ita. Yajin aikin 1953 na neman a yi aiki da dokar ya fito da sunan Djibo fili. Ma'aikacin ma'adinai da ke zuwa taron sandika yau a Arlit, ko ya sani ko bai sani ba, a kan wannan tushe yake tsaye.

A 1954 ya kafa jam'iyyarsa, UDN. Ƙarfinta ya taru a garuruwan kasuwa da tashoshin mota na ƙasar Hausa, Damagaram, Tasawa, Maraɗi, Madawa, Ƙonni, Tawa, inda kuɗin gyaɗa ke juyawa kuma talaka ke ganin yadda ake cin guminsa a wajen awo. Direban babbar mota shi ne jarida, shi ne rediyo: ya ɗauki saƙo daga Yamai ya sauke a Damagaram, ya ɗauko wani daga Kano. Daga bakin waɗannan mutane sunan Sawaba ya fito ya rufe sunan jam'iyyar na takarda. Kalmar Hausa ce da kowa ya san nauyinta, sauƙi bayan wuya. A hayin iyaka ma ita ce kalmar NEPU ta Malam Aminu Kano tun 1950, kuma ita ce ta zama sunan Hajiya Gambo ta Zariya. Alamar jam'iyyar raƙumi ne, ta PPN kuma giwa. Samari irin su Abdoulaye Mamani a Damagaram da Ousmane Dan Galadima a Madawa su ne suka riƙe mata ƙafafu.

Wata 17 a kan mulki

Djibo ɗan gwagwarmaya ne, amma ya iya lissafin siyasa. Ya san ƙuri'ar ƴan tasha kaɗai ba ta kai mutum gidan gwamnati a ƙasar da sarki ke faɗa wa ƙauye abin da zai jefa. A watan Nuwamba na 1956, bayan zaɓen ƙananan hukumomi, ya ƙulla da BNA ta Georges Condat da Issoufou Saïdou Djermakoye, jam'iyyar da ta fito daga tsatson UNIS, wato ta sarakuna. Da wannan ƙawance ya zama magajin garin Yamai na farko da aka zaɓa. Jam'iyyun biyu suka narke suka zama reshen MSA a Nijar. A zaɓen majalisar ƙasa na 31 ga Maris 1957 suka kwashe kujeru 41 cikin 60, PPN ta tashi da 19.

A ƙarƙashin dokar Defferre ta 1956, gwamna Bafaranshe shi ne shugaban majalisar gwamnati, ɗan ƙasa kuma mataimakinsa. A watan Mayu na 1957 Djibo ya hau wannan kujera ta mataimaki, a watan Yuli na 1958 aka mai da ita ta shugaba. Ikon rabi ne: soja, ƴan sanda na asiri, kuɗi da hulɗa da waje duk suna hannun Faransa.

Auren raƙumi da rawani bai yi daɗi ba. Jam'iyyar da ta yi suna da zagin zaluncin sarakuna ta wayi gari sarakuna ne ginshiƙinta. Ƴan Sawaba na ƙasa suna jiran a sauke musu haraji da wulaƙanci, sarakuna suna jiran a ƙara musu girma da albashi. Da gwamnati ta fara tuɓe wasu sarakunan kanto, sauran suka sha jinin jikinsu. A Yamai kuwa gaba da PPN ta kai ga faɗan tituna a watan Afrilu na 1958, aka yi asarar rayuka. Masu son Djibo ba su cika son a tuna wannan ba, amma Sawaba ma ta yi amfani da sanda lokacin da sandar ke hannunta, kuma abokan hamayyarta ba su manta ba.

Abin da Faransa ke gani daga arewa

Don a gane abin da ya faru a 1958, sai an tsaya a Assamaka an dubi gabas da arewa. Tun 1 ga Nuwamba 1954 Aljeriya ke cikin yaƙin neman ƴanci. A 1956 aka samu man fetur a Edjeleh, kusa da iyakar Libiya, da kuma Hassi Messaoud. Hamadar da Faransa ta daɗe tana ɗauka fanko ce ta zama taska. A watan Janairu na 1957 majalisar Faransa ta kafa OCRS, hukumar da aka ba ta kula da yankunan Sahara na Aljeriya da Sudan ta Faransa, wato Mali ta yanzu, da Nijar da Cadi. A Nijar ta shafi arewacin Tawa da Agadas har Bilma. A takarda aikin raya ƙasa ne. A zahiri kowa ya ga hanyar da za a bi a yanke Sahara gefe guda a riƙe ta, ko da sauran ƙasashen sun tafi. Sawaba ta riƙa kallon hukumar da zargi. Ba duk mutanen hamada ne suka ƙi ta ba: a 1958 alƙalin Tumbuktu ya tattara sa hannun manyan Sahara da dama da ke neman kar a haɗa su da gwamnatocin kudu, kuma wannan tsoro na a mulke su daga nesa bai mutu ba, ya sake tasowa a tawayen shekarun 1990.

A 1957 ɗin dai, masu binciken ma'adinai na Faransa da ke neman tagulla a Azelik, wajen Tigidda-n-Tesemt a ƙasar Ingal, suka ci karo da alamun uraniyom. Wurin tsohuwar Takadda ce, garin tagulla da Ibn Battuta ya ziyarta a 1353. Hukumar nukiliya ta Faransa, CEA, ta karɓi binciken. A watan Afrilu na 1958 firaminista Félix Gaillard ya sa hannu kan umarnin a shirya gwajin bam na farko, wanda aka tayar a Reggane cikin Saharar Aljeriya ranar 13 ga Fabrairu 1960.

To a nan ne ya kamata a auna zancen fada da ma'auni. A 1958 uraniyom ɗin Nijar alama ce da fata. Ba a gano tarin Arlit ba sai tsakiyar shekarun 1960. Abin da ya fi hana hafsoshin Faransa barci shi ne iyaka: Nijar mai ƴanci a hannun mutumin da ke abota da Nkuruma na Gana da ƴan NEPU na Kano tana iya zama ƙofar baya da makamai za su bi su isa hannun FLN. Ga kuma Najeriya da ke shirin samun ƴanci, ana tsoron ƙasar Hausa ta Nijar ta karkata can. Nijar ce kuma gadar da ta haɗa Afirka ta Yamma ta Faransa da Cadi. Uraniyom ya ƙara wa ma'aunin nauyi, amma ko babu shi da wuya Faransa ta bar Djibo ya wuce.

A'a

Janar Dagol ya dawo mulki a watan Yuni na 1958, rikicin Aljeriya ne ma ya dawo da shi. Ya ba ƙasashen Afirka zaɓi: ko su amince da sabon tsarin mulki su zauna cikin tarayya da Faransa, ko su ƙi su tafi nan take ba taimako ba komai. A ƙarshen watan Yuli jam'iyyar PRA, wadda ta tara jam'iyyun da ba na RDA ba, ta yi babban taro a Kwatano, ta amince da neman ƴanci ba tare da jinkiri ba. Djibo ne babban sakatarenta, kuma yana cikin waɗanda suka fi zafi a zauren. Da lokacin jefa ƙuri'a ya matso, manyan PRA irin su Sengor na Senegal suka lissafa suka koma ga i. A shugabannin gwamnatocin Afirka ta Yamma, biyu suka rage a kan a'a: Seku Ture a Gini da Djibo Bakary a Nijar.

Bambancinsu shi ne Seku Ture ya soke sarautun kanto tun 1957, jam'iyyarsa ta kai kowane ƙauye. Djibo kuwa da ƙafar aro yake tsaye. Dagol ya zaga Afirka a watan Agusta, ya je Abijan da Konakiri da Dakar, bai tako Yamai ba. Abin da aka aiko wa Nijar shi ne sabon gwamna, Don Jean Colombani, mutumin tsibirin Kors, da cikakken iko. Cikin ƴan makonni ya zaga ƙasar, ya gana da sarakuna, ya tuna musu waɗanda Sawaba ta tuɓe. Issoufou Saïdou Djermakoye da mutanen tsohuwar BNA da dama suka fice suka koma ga i. Aka ƙaro sojoji, aka baza motocin gwamnati, kumandoji suka shiga yaƙin neman zaɓe a fili. Ranar 19 ga Satumba FLN ta sanar a Alƙahira da kafa gwamnatin wucin gadi ta Aljeriya ƙarƙashin Ferhat Abbas. Saura kwana tara a jefa ƙuri'a a Nijar. Ba a buƙatar boka ya faɗi yadda wannan labari ya sauka a ofishin gwamna.

Ranar 28 ga Satumba 1958 sakamakon da aka bayar ya nuna kusan kashi 78 cikin 100 sun ce i, kusan kashi 22 sun ce a'a. Adadin da ya fi waɗannan magana shi ne na waɗanda suka fito: bai kai kashi 40 cikin 100 na masu rajista ba. Mutane da yawa sun ga soja a gefe, sarki a gefe, sun zauna gida. Duk da haka, in aka cire Gini, babu inda a'a ta samu irin wannan kaso a Afirka ta Yamma. An yi matsi da maguɗi, masana tarihi sun tabbatar. Amma shi ma Djibo ya yi kuskuren lissafi: ya ɗauka sarakunan da suka kawo shi za su bi shi har bakin rami, ya kuma ɗauka Faransa za ta tsaya kallo kamar alƙalin wasa.

Abin da ya biyo baya ya zo da sauri. A watan Oktoba gwamnatinsa ta faɗi. A watan Nuwamba aka rusa majalisa. A zaɓen 14 ga Disamba ƙawancen PPN da sarakuna ya lashe, ƴan kujerun da Sawaba ta samu ma daga baya aka soke su. Ranar 18 ga Disamba 1958 aka shelanta Jamhuriyar Nijar, Diori Hamani ya zama shugaban gwamnati. Ranar da ƙasa ke biki kowace shekara ita ce ranar da ɗan uwansa ya gaje kujerarsa. A watan Oktoba na 1959 aka haramta Sawaba. Djibo na waje, ba zai sake taka Nijar ba sai bayan shekara 15.

Ƴancin da ya nema a 1958 ya zo ranar 3 ga Agusta 1960, a hannun waɗanda suka ce i. A watan Afrilu na 1961 Nijar da Kwaddibuwa da Dahome suka sa hannu da Faransa kan yarjejeniyar tsaro wadda ta ba Faransa fifiko a kan ma'adinan da ake ɗauka na yaƙi, kuma an rubuta sunan uraniyom a ciki ƙarara. A nan ne zancen fada ya samu takardarsa.

Bamako, Akara, Aljas

Gudun hijira ya fara a Bamako wajen Modibo Keita, ya ci gaba a Akara wajen Nkuruma. A cikin gida ana kama ƴan Sawaba, ana korarsu daga aiki, ana dukansu a gaban iyalansu. Jam'iyyar ta yanke shawarar ɗaukar makami. Ta fitar da ɗaruruwan samari a ɓoye, yawanci ta Kano, wasu zuwa karatu a ƙasashen gurguzu na Turai, wasu zuwa horon soja a Cana da Biyetnam ta Arewa da Gana.

Aljeriya ta samu ƴanci a watan Yuli na 1962, Ahmed Ben Bella ya zama shugaban gwamnati a watan Satumba, ya buɗe ƙofa ga masu gwagwarmaya na duk nahiyar. Ƴan Sawaba suka samu horo a sansanonin Aljeriya, suka samu wurin zama a Tamanrasat. Abdoulaye Mamani, wanda daga baya ya rubuta littafin Sarraounia, ya zauna a Aljas yana wakiltar jam'iyyar. Abin da Faransa ta ji tsoro a 1958 ya faru, amma a juye: maimakon Nijar ta zama ƙofar bayan Aljeriya, Aljeriya ce ta zama ƙofar bayan ƴan adawar Nijar. Hanyar Tamanrasat zuwa In Gezam zuwa Agadas, wadda ƴan Arlit suka sani yau da motocin taliya da madara da man fetur, gwamnatin Diori ta sa mata ido sosai a waɗannan shekaru.

A ƙarshen Satumba da Oktoba na 1964 ƙungiyoyin mayaƙan Sawaba suka shigo ta iyakokin kudu da yamma. An gaya musu talakawa na jiransu. Abin da suka tarar shi ne gwamnati ta riga ta san da zuwansu, ta kuma tayar da ƙauyuka da ƴan banga a kansu. Cikin makonni aka gama da su. An kashe Dandouna Aboubakar a ƙasar Ƙonni, aka kai gawarsa Yamai aka baje ta a fili don jama'a su gani. An harbe wasu a bainar jama'a. Ranar 13 ga Afrilu 1965, a filin sallar Layya a Yamai, wani ɗan Sawaba mai suna Amadou Diop ya jefa gurneti wajen Diori. Shugaban ya tsira, yaro ƙarami ya mutu. Kamen da ya biyo baya ya cika gidajen kaso, har na arewa irin su Agadas da Bilma, kuma da yawa ba su fito da rai ba.

Wannan shi ne babi mafi nauyi a rayuwar Djibo. Zaluncin gwamnatin Diori da ministan cikin gidanta Diamballa Yansambou Maïga a kan ƴan Sawaba abu ne da ba ya ɓoyuwa. Amma shugaban da ke Akara shi ya tura samari ƙasar da ya rabu da ita shekara biyar, da labarin da ya riga ya tsufa, kuma su suka biya.

Sai ƙawayen suka fara zubewa. A watan Yuni na 1965 Bumadiyan ya kifar da Ben Bella, sabuwar gwamnatin Aljas ta fi son zaman lafiya da maƙwabciyarta ta kudu. A watan Fabrairu na 1966 soja suka kifar da Nkuruma. Djibo ya koma Konakiri wajen Seku Ture, baƙo a gidan mutumin da ya ci jarrabawar da shi ya faɗi. Yana can aka kafa SOMAIR a 1968, aka gina Arlit, aka fara fitar da uraniyom a 1971.

Dawowa

Bayan tashin farashin man fetur a 1973, Diori ya nemi Faransa ta ƙara kuɗin uraniyom. Ana cikin wannan ciniki, ga fari da yunwa sun gallabi ƙasa, shugaba Pompidou ya rasu a farkon Afrilu na 1974, ranar 15 ga wata kuma Laftanar Kanar Seyni Kountché ya kifar da Diori. Har yau ana gardama kan ko cinikin na da hannu a juyin mulkin. Abin da ba a gardama a kansa shi ne ƴan uwan biyu na Soudouré, wanda ya ce a'a da wanda ya ce i, duk sun faɗi a lokacin da suke jayayya da Faransa.

Kountché ya saki fursunonin Sawaba, ya bar masu gudun hijira su dawo da sharaɗin ba siyasa. Djibo ya dawo a 1974. A watan Agusta na 1975 aka kama shi tare da Kumandan Sani Souna Sido, mutum na biyu a gwamnatin soja, bisa zargin shirya juyin mulki. Sido ya mutu a tsare a Agadas. Djibo ya shafe shekaru a tsare a Ngigmi, can bakin tafkin Cadi. A daidai waɗannan shekaru ne kuɗin uraniyom ya yi tashin da bai taɓa yi ba: COMINAK ta fara aiki a Akokan a 1978, aka shimfiɗa kwalta daga Tawa zuwa Arlit, manyan gine-gine suka tashi a Yamai. Shugabannin gwamnatin Nijar biyu na farko duk suna kulle. Diori ya rasu a Rabat ta Maroko a watan Afrilu na 1989.

Da guguwar dimokuraɗiyya ta zo aka yi babban taron ƙasa na 1991, Sawaba ta fito daga ɓoye, amma ta fito a rabe gida biyu. Djibo ya jagoranci UDFP-Sawaba. A 1992 ya fitar da littafinsa, Silence ! On décolonise, inda ya ba da nasa labarin 1958. A zaɓen shugaban ƙasa na Fabrairu 1993 ya tsaya takara yana da shekara 70 da ɗoriya, bai kai kashi 2 cikin 100 ba. Masu jefa ƙuri'ar yawancinsu ba a haife su ba lokacin da raƙumi ke cika tashoshin mota, kuma garuruwan da suka kasance nasa, Damagaram da Tasawa da Tawa, sun samu sababbin jam'iyyu da sababbin ƴaƴa. Mahamane Ousmane, ɗan Damagaram, shi ya lashe zaɓen.

Djibo Bakary ya rasu a Yamai ranar 16 ga Afrilu 1998. Daga baya aka sa sunansa a gadar Farié da ke kan kogin Isa a jihar Tilaberi. COMINAK ta rufe a ƙarshen Maris na 2021, sojojin Faransa sun bar Nijar a watan Disamba na 2023, a watan Yuni na 2025 kuma gwamnati ta sanar da mai da SOMAIR mallakar ƙasa. A tsakanin waɗannan, a watan Oktoba na 2024, hukumomin Yamai suka cire allon babban titin da ke ɗauke da sunan Janar Dagol a tsakiyar birnin, suka kafa wani mai sunan Djibo Bakary.